Kunnen Tarana a Ƙirjin Rumbau

Wannan labarin mutanen da ne, tun kafin a san salla a ƙasashen nan. Abin da suka yarda da shi ke nan a zamaninsu, kuma yadda tsofaffi suka bar shi haka za a faɗe shi.

Mutanen ƙasar Ƙirji sun ce da fari babu ƙasa, ruwa ne ko'ina, sai wani ƙato mai suna Rumbau yana tafe a ciki, ruwan iya gwiwarsa. 'Ya'yansa na goye a bayansa, wasu a wuya, wasu sun maƙale a gashin kansa. Ya yi ta yawo yana neman inda zai sauke su, bai samu ba. Da yunwa ta ci ƙarfinsu suka fara sakin hannu suna faɗawa ruwa, sai ya tattaro sauran gabansa ya ce, "Tunda babu inda zan ajiye ku, ku zauna a kaina." Ya kwanta rigingine, bai ƙara tashi ba. Namansa ya zama ƙasar noma, haƙarƙarinsa duwatsu, gashinsa kurmi, jijiyoyinsa koguna. Abu guda ya roƙa kafin ya rufe ido, kada a soka masa ƙarfe a ƙirji, domin zuciyarsa ba za ta daina bugawa ba muddin akwai ɗansa ko ɗaya a kansa. Tun daga nan ake ce masa Mai Kwance.

Waɗanda suka zauna a ƙirji sun sami ƙasa mai laushi. Waɗanda suka gangara can Dunduniya sai fako, ƙasa mai faso kamar ƙafar tsohon manomi, ba su da ruwan sha sai kogin Jijiya da ke tasowa daga Ƙirji. A Ƙirji da itace ake noma, da itace da hannu ake haƙa kabari, mayaƙi kuwa ko gajiya za ta kashe shi ba ya kafa mashinsa a ƙasa. Duk wanda aka haifa a Ƙirji, in ya mutu ba a binne shi a can ba har rana ta faɗi sau bakwai, sun ce ya ɓata ke nan, uban ba zai san inda ɗansa ya shiga ba.

A ƙofar fada akwai wani falalen dutse. Kowace safiya mace mai sarautar Majiya takan kwanta ta ɗora kunnen hagu a kansa, ta saurari bugun zuciyar Mai Kwance, ta tashi ta gaya wa sarki abin da ta ji. Majiyar da ta yi ƙarya hukuncinta ɗaya ne. Za ta bar Ƙirji kafin rana ta faɗi, ba ta dawowa da ƙafarta, ba a kuma dawo da gawarta.

A zamanin Sarki Jatau ɗan Mayau, Majiya ita ce Tarana. Shekararta talatin da ɗaya tana kwanciya a dutsen nan, har kuncinta na hagu ya yi kanta. Ta haifi bakwai ta binne shida, ɗaya ya rage mata, Tunau, wanda aka naɗa Barde wata uku da suka wuce. Shi ne ya ja dakaru zuwa Mashigin Cibiya, a kan iyaka, ranar da mutanen Dunduniya suka hauro. Waɗanda suka dawo sun ce ba su taɓa ganin irin wannan yaƙi ba. Abokan gaba sun zo ba ganga ba kirari, leɓunansu a tsage. Tunau ya tare mashigin da mutum arba'in daga hantsi har rana ta take tsaka, kibiya uku a jikinsa, sai ta huɗu ta same shi a maƙogwaro. Da ya faɗi, mutanen Dunduniya ba su bi kowa ba. Zubar da baka suka yi, suka faɗa kan ɗan guntun ruwan da ya rage a mashigin suna sha da laka. Bayan nan suka ɗauke gawarsa.

Rana ta faɗi sau biyar a kan gawar lokacin da jakadan Dunduniya ya iso fada. Tsoho ne ramamme, ya ɗaure jakinsa a waje ya shigo da ƙwarya rufe da faifai. Tarana na zaune a wurinta, hagu da sarki, kanta a ƙasa.

Jakada ya faɗi ya yi gaisuwa ya ce, "Ƙasa ta riƙe ka, Zaki, mai zama kan zuciya. Ubangijina Sarki Barmo na Dunduniya ya ce in buɗe maka wannan."

Ya ɗage faifai. Busasshiyar laka ce ta tsattsage, da ɗan kifi a maƙale cikinta, a kai kuma kambun fata na dantse. Tarana ba ta buƙaci a matso da shi ba. Da hannunta ta ɗaura wa Tunau shi ranar naɗi.

"Lakar nan daga tsakiyar Jijiya aka ɓamɓaro ta," in ji jakada. "Wata uku ke nan ba mu ga ruwa mai tafiya ba. Mun binne yara har mun daina kirari a kan kabari. Ubangijina ya ce uba ɗaya ya kwanta mana duka, ba mu muka zaɓi dunduniya ba, can muka faɗa. Ku saki kogin da kuka riƙe, mu miƙo muku Bardenku. An wanke shi, an shafe shi da gishiri, an naɗe shi a fatar bijimi, ba wanda ya wulaƙanta shi. In kun ƙi, ruwan ma za mu zo mu ɗauka, shi kuma ya kwana a fako har abada."

Galadima Cindo ya gyara zama. Shi ke riƙe da ƙasar arewa, inda kogin ke tasowa. Ya ce, "Ranka ya daɗe, toron giwa, wa ya isa ya riƙe kogi? Fari ne. Jini in ya yi ƙaranci a jiki, ƙafa ce ke fara yin sanyi, kowa ya san haka. Mai Kwance ne ya janye musu, su tambayi kansu abin da suka yi masa. Sun kashe mana Barde, yanzu kuma sun zo ciniki da gawarsa. A buga tambari, gobe kafin rana ta yi tsaka mu ƙwato shi da tsinin mashi."

Madawaki Bagudu, tsohon mayaƙi mai ido ɗaya, ya ce, "Fari dai, Galadima. To ni da idona ɗayan nan na wuce arewa, gonakin kowa sun yi ja, naka kore shar. Ko kai kaɗai Mai Kwance ke yi wa gumi?"

Aka yi 'yar dariya aka haɗiye. Galadima ya ce, "Mai ido ɗaya rabin gona yake gani, Madawaki. Ga wadda ake tambaya nan zaune."

Sarki Jatau ya juyo. Yaro ne a sarauta, kuma tare suka tashi da Tunau, a akushi ɗaya Tarana take zuba musu tuwo. Ya ce, "Inna Majiya, wata uku kullum kina ce mini lafiya lau yake bugawa. In da an taɓa ƙirjinsa, ai ke za ki fara ji."

Tarana ta dubi kambun nan. Ta ce, "Ranka ya daɗe, gobe da hudowar rana a tara mayaƙa. Zan saurara a gaban kowa."

Da la'asar tana zaune a ƙofar ɗakin Tunau, sai ga Galadima ya shigo ba rakiya. Ba wannan ne karo na farko da suka yi magana su biyu ba. Wata uku baya, wata safiya, ta ji bugun yana ja kamar numfashin mai ciwo, kuma a ƙarƙashinsa akwai ƙarar ƙarfe daga arewa. Maimakon ta gaya wa sarki, sai ta fara zuwa wurin Galadima, tunda ƙasarsa ce. Ya ce mata 'yar madatsa ce, turaku kaɗan na ƙarfe don itace ba ya riƙe ruwa, da an yi girbi za a cire. Ya ce sarautar Barde na nan ba kowa, kuma bakinsa ne ke naɗawa. Ta ɓoye wa sarki maganar. Kwana tara bayan nan aka naɗa Tunau.

"Gobe ki ce bugun yaƙi kika ji," in ji Galadima. "Ni zan kawo miki gawar Tunau."

"Da sun ga ƙurarku za su jefa shi rami, Cindo. Kai ma ka sani."

"To ki faɗi gaskiya ki gani. Ni ina da mutum ɗari uku, ke me kike da shi? Kafin rana ta faɗi kin bar Ƙirji. 'Ya'yanki shida na kwance a bayan gidan nan, mijinki na nan. Ke kaɗai za ki ruɓe a fako, Mai Kwance bai san inda kike ba. Kin shirya wa wannan, tsohuwa?"

Da ya fita ta zagaya bayan gida inda kaburburan suke, ta dubi wurin da ta daɗe da ware wa kanta a gefen na mijinta. Ta tsuguna ta cire ciyawar da ta fito a kai, ta share shi tas.

Gari ya waye, saura faɗuwar rana ɗaya. Mayaƙa suka cika ƙofar fada, kowa da mashi a kafaɗa, jakada na gefe riƙe da igiyar jakinsa. Tarana ta cire ɗankwali ta kwanta ta ɗora kunne. Aka yi tsit, ko doki an kama masa baki. Ta daɗe a kwance fiye da kullum, ba don ba ta ji ba, sai don ta san ba za ta ƙara kwanciya a nan ba. Sannan ta miƙe.

"Ranka ya daɗe, yana bugawa, amma da ƙyar. Akwai ƙarfe a ƙirjinsa, a arewa, inda Jijiya ke fitowa. Galadima ya kafa turaku ya tare kogin. Ba yau na ji ba. Wata uku ke nan ina ji, ina tashi ina ce maka lafiya. Na yi shiru don a ba ɗana Barde, aka ba shi, ƙishirwa ta koro mutanen nan, Barde kuma shi ke gaba. Ba sai an nemi wanda ya kashe Tunau a Dunduniya ba. Ga ni."

Wuri ya ɗauki guna-guni. Sarki ya rufe fuska da hannun riga. Madawaki ya dafa takobi ya nufi Galadima, sai ga ɗan leƙen asiri ya shigo a guje ya faɗi gaban sarki. Ya ce rundunar Dunduniya ta gaji da jira, ta shigo cikin busasshen kogi tana haurowa, don yashi ya fi duwatsun gaɓa sauƙin tafiya. Mutum dubu biyu, makarar Barde a gaba.

Galadima ya yi dariya. Ya ɗaga murya ya ce, "Na kafa turaku, ban musa ba. To ga amfaninsu, Zaki! Ruwan wata uku na tsaye a bayansu. A fasa madatsar yanzu gaba ɗaya, kafin la'asar babu sauran mai ɗaukar baka a Dunduniya, mu kuma ko ƙwarzane ba mu yi ba. Ruwa suka roƙa, a ba su."

Wasu hakimai suka fara gyaɗa kai. Tarana ta ga haka, ta ga kuma sarki bai ce a'a ba. In ruwan nan ya sauko, da mutum dubu biyu da makarar duk zai tafi, ba wanda zai ƙara ganin ko yatsan Tunau.

Ta durƙusa ta ce, "Ranka ya daɗe, hukuncina ya hau kaina, ba na roƙon sassauci. Amma a al'ada korarriyar Majiya ita ke zaɓen hanyar da za ta bi ta fita."

"Haka ne."

"Ta cikin kogi zan bi."

Sarki Jatau ya dube ta. Sannan ya ce da ƙarfi yadda kowa zai ji, "Hanya tata ce, bakinta ma nata ne, abin da ta faɗa wa wanda ta tarar ba ruwan fada. Madatsa kuwa da hannu za a zare turakun, ɗaya bayan ɗaya, yadda ake cire ƙaya a jikin uba. Madawaki, aikinka ne."

Aka waiga neman Galadima, babu shi babu mutanensa. Sun sulale sun yi arewa.

Jakada ya jawo jakinsa ya ce, "Hau, Inna. Ba ya sauri, amma ya fi ƙafarki."

"Kai fa?"

"Ni ɗan fako ne, tafiya ce abincinmu."

Suka gangara cikin yashi. Abin da ya faru a madatsa daga baya ta ji shi. Galadima ya riga su isa, ya jera mutum ɗari biyu a bakin hanya, sauran suka hau turakun da guduma. Madawaki ya afka musu da dawakai, aka gwabza a kan tudun laka, doki na zamewa da mahayinsa, ɗan'uwa na saran ɗan'uwa. In mutum zai faɗi da mashi a hannu, sai ya juya tsinin sama kafin ya kai ƙasa, don ko a bakin mutuwa ba wanda ya yarda ya ƙara wa Mai Kwance ƙarfe. Madawaki ya kai ga Galadima ya buge shi da gindin mashi aka ɗaure shi. Sai dai an makara. Turakun tsakiya sun riga sun kwanta, ruwa ya ɓalle da ƙarar da ta sa dawakai tsuma.

Rana ta karkata lokacin da Tarana ta hango makara a kafaɗar mutum huɗu. Ta sauka daga jaki. Ƙafafunta suka so su kai ta wurin makarar, ta hana su. Ta kwanta a tsakiyar kogi ta ɗora kunne a yashi, rundunar duka ta tsaya tana kallonta. Ta tashi ta ce, "Wane ne Barmo?"

Wani dogo mai furfura a gemu ya fito. Jakada ya raɗa masa ko wace ce.

"Sarkin Dunduniya, ka hau da mutanenka gaɓa. Ruwa na tafe, ba kaɗan ba."

Barmo ya dubi duwatsun gaɓa ya ce, "In hau inda maharbanku ke kwance? Jakadana ya ce ke ce Majiyar da ta yi wata uku tana yi wa sarkinta ƙarya. Ni da na kashe miki ɗa, don me za ki gaya mini gaskiya?"

"Ba don kai ba ne. Ɗana ke kafaɗar mutanenka." Ta nuna makarar. "Ga abin da ƙarya ta saya mini nan, naɗe a fatar bijimi. Ba ni da wani ɗan da zan ƙara bayarwa. Ku hau. In ruwa bai zo ba, wuyana na hannunka. Su ma waɗannan da ke bayanka akwai masu jiransu a gida."

Barmo ya dubi makarar. Sai ya ɗaga hannu, aka busa ƙaho, runduna ta rabu biyu tana hawa. Shi da kansa ya kama hannun Tarana ya ja ta sama. Ba su gama daidaita numfashi ba iska mai sanyi ta bugo, sannan ruwa ya kwararo jajawur, ɗauke da itatuwa da turakun ƙarfe yana wurgi da su kamar kara. Inda suke tsaye ɗazu ya fi tsayin mutum uku. Mayaƙan Dunduniya suka tsaya suna kallonsa yana wucewa ya nufi garinsu. Wani ya fara kuka, sauran suka kama.

Akwai wani dogon dutse kusa da Mashigin Cibiya da ake kira Haƙarƙarin Ƙarshe, shi ne iyaka. Can aka kai makarar. Sarki Jatau ya iso da jama'arsa ta kan tudu, Madawaki na biye da Galadima a ɗaure a bayan doki. Sarakunan biyu suka tsaya, dutse a tsakaninsu. Barmo ya ce, "Ruwa ya zo, ga Bardenku. Da ɗana ne da na yi alfahari da shi."

Rana ta yi ja, babu lokacin kai shi gida. Sarki Jatau ya tuɓe rigarsa ya durƙusa a gindin dutsen ta ɓangaren Ƙirji, ya fara haƙa da hannunsa. Madawaki ya bi, mayaƙa suka bi. Tarana ta buɗe fatar ta ga fuskar ɗanta, ta share masa gishirin da ke girarsa, ta mayar masa da kambunsa a dantse. Sannan ta tsallaka dutsen da kanta, ba wanda ya ce mata lokaci ya yi. Daga can ta ga an sa shi, an rufe, saura kaɗan rana ta nutse.

"Inna," in ji Sarki Jatau, "da ina da iko..."

"Ba ka da shi, Jatau. Akwai wuri a bayan gidana, a share yake. Ka ba wanda ba shi da kowa."

Taku uku ne tsakaninta da kabarin. Ta kwanta a nan kan fako tana kuka, kuncin hagu a ƙasa yadda ta saba, don ta matsa kusa da shi iyakar yadda aka yarda mata. Mutanen Dunduniya suka kau da kai. A ƙasarsu ba a taɓa yin Majiya ba, kowa ya san zuciya ba ta kaiwa can.

Sai suka ga ta daina kuka. Ta ɗaga hannu alamar a yi shiru, ta gyara kunnen, ta ƙara dannawa.

Barmo ya tsuguna a gefenta ya ce a hankali, "Inna, me kika ji?"

"Yana bugawa," in ji Tarana. "Can ƙasa-ƙasa, kamar yadda ake ji a idon sawu. Tun da ruwan ya wuce ya fara."

"A nan? A ƙasarmu?"

"Har nan. Ashe ya san da ku."

Sarkin Dunduniya ya cire alkyabbarsa ya lulluɓa mata, ya juya ga mutanensa ya ce kowa ya ɗaga mashinsa daga ƙasa.